Wadda Ta Hana A Yi Wa Kogi Guga

A gyara zama, jama'a. Mai tari ya yi tarinsa tun yanzu, mai waya ya kife ta. Ga Sarauniyar Ƙaramin Taku nan tafe, dodon injiniyoyi, wadda kwamfuta ke jin ƙarar takalminta ta fara zufa. Ga wadda ba ta taɓa yarda da amsar farko ba tun da ta zo duniya, don an ce ranar da ungozoma ta ce "mace ce", sai da jaririyar ta harare ta har ta sake dubawa. A gida Yaya ake ce mata. A ofishin kula da kogi kuwa, inda aka ajiye ta a ɗakin ƙarshe mai jingine da banɗaki, fankarsa na juyawa kamar mai jin yunwa, sunanta A-Sake.

Da bakinta ta sayi sunan. Ka yi mako kana aiki, ka kawo mata kana murmushi, ta dube shi ta saman tabarau ta ce, "A sake." Ba sannu, ba madalla. Mijinta, malamin firamare mai haƙuri kamar damo, ya rantse ranar da ya fara ce mata yana sonta ma abin da ta ce masa ke nan.

Aikin nata, in za a faɗe shi da bakin wanda lissafi ya koro daga makaranta, shi ne ta tambayi kwamfuta inda ruwa zai kai ranar da kogi ya yi fushi. Masana sun rubuta dokokin tafiyar ruwa, amma irin lissafin nan ne mai rowa. Ba ya gaya maka inda ruwa yake, sai dai yadda yake canjawa: in ya yi tudu a nan, zai gangara can da sauri kaza. Ba mai iya warware shi da biro, don kogi ba rula ba ne. Sai a yanyanka kogin gunduwa-gunduwa a cikin kwamfuta, lokaci shi ma a yanyanka shi taku-taku. Kwamfuta ta dubi yadda ruwan yake yanzu, ta yi taku ɗaya gaba, ta sake dubawa, ta sake takawa, har ambaliya ta zo ta wuce a kan allo ba tare da an jiƙa kowa ba.

Duk rigimar a girman takun take. Mahaifinta, Allah ya jiƙansa, direban babbar mota ne, kuma da sana'arsa Yaya ke bayyana abin in ta ga dama. Ta ce ka ɗauka direba ne da ke tuƙi yana runtse ido yana buɗewa. In yana buɗewa akai-akai, ɗan taɓa sitiyari ya ishe shi. In kuwa ya daɗe ido a rufe, zai buɗe ya ga ya yi hagu, ya fizga dama da ƙarfi, ya zarce, ya sake fizgowa hagu fiye da na farko, haka haka har mota ta kwanta a rami ƙafafu a sama. Haka lissafi ke haukacewa in taku ya yi girma. Don haka dokarta biyu ce. Ta farko, a taku ɗaya kada ruwa ya tsallake fiye da gunduwa ɗaya. Ta biyu, in ka samu amsa, ka raba takunka biyu ka sake. In amsar ta motsa, ba amsa ba ce, jita-jita ce.

A shekarar da ake magana, hukuma ta tashi gina katanga tsakanin kogi da unguwar gangare, wadda ruwa ya saba shiga ba sallama. Tambaya ɗaya ce a gaban ofis: nawa ne tsayin katangar? A bayan katangar nan kuwa, a gida na uku daga bakin kogi, Inna, mahaifiyar Yaya, take zaune, a ɗakin da mijinta ya gina, kuma ta riga ta faɗa wa kowa cewa sai dai a fitar da gawarta.

An ba wani matashin injiniya lissafin. Yanzu-yanzu ake ce masa, don ko me ka tambaye shi abin da zai ce ke nan. Yaron ba daƙiƙi ba ne, wannan shi ne abin haushin. Ya lura ruwa na murɗawa a gindin gada, sai ya ƙara yanyanka wurin ƙanana-ƙanana don a gani da kyau. Wannan daidai ne. Amma ya bar taku da girmansa na dā. Gunduwa ta ƙanƙance, ƙafa na nan da faɗinta. Zanen ruwa ya fara fitowa kamar haƙoran zarto. Can sai ruwa ya nutse ƙasa da gindin kogi, a taku na gaba ya haura eriyar waya, daga nan kwamfuta ta daina magana da kowa.

Maganin a fili yake, a rage taku. Amma rage taku na nufin tsohuwar kwamfutar sashensu, mai tari kamar mashayin taba, za ta yi kwanaki tana nishi, ga kwamiti zai zauna ƙarshen mako. To akwai wata lamba a cikin shirin da suke kira guga, don tana miƙar da ƙananan tamoji a zanen ruwa yadda dutsen guga ke yi wa riga. Kaɗan ake sawa, kamar gishiri. Yanzu-yanzu ya juye buhu. Haƙoran zarto suka ɓace, zane ya fito sumul kamar bayan cokali, kafin shayinsa ya huce an gama. Abin da bai tsaya ya duba ba shi ne guga ba ta san tamoji da ƙoƙuwar ambaliya ba. Duk abin da ya ɗago kai danne shi take yi.

Yaya ta ga zanen a manne a allon sanarwa, an zagaye shi da jan biro an rubuta "madalla". Ta tsaya. Ita ta ga kogin nan cikin fushi tana yarinya, tana saman motar mahaifinta da ƙanwarta a goye. Ruwan bai zo kamar tudu mai laushi ba, ya zo ne kamar bango mai tafiya. Ta cire zanen, ta je ta ajiye shi a kan burodin da Yanzu-yanzu ke ci.

"Ka raba taku ka sake?"

"Yanzu-yanzu zan yi, Anti."

"Buɗe min lambar guga."

"Ai Anti, kaɗan na ɗan..."

"Ban ce ka ba ni tarihi ba. Buɗe."

Ya buɗe. Ta duba, ta cire tabarau, ta goge shi da gefen mayafi, ta mayar, ta sake dubawa, ko lambar za ta ji kunya ta ragu.

"Kai ɗan nan, kogi ka lissafa ko zuma? Da wannan lambar ai ko kunkuru zai riga ruwanka isa gada."

"Amma ya daina rawa, Anti. Ki duba, ba ko ɗigon tamoji."

"Gawa ma ba ta rawa."

Ta zauna a kujerarsa, ta rage gugar rabi, ta sa ya sake. Ƙoƙuwar ambaliya ta ɗago. Ta ƙara ragewa, ta ƙara ɗagowa, haƙoran zarto suka fara leƙowa. Tun a nan ta ga bambancin zai kai kamu guda ko ya fi. Kamu guda a takarda ba komai ba ne. A unguwar gangare kuwa shi ne tsakanin ruwa ya tsaya a waje da ya hau gadon Inna.

Ta wuce ofishin Darakta ba ta jira sakatariya ta yi mata iso ba. Darakta mutum ne mai digiri a wannan fannin, kuma ba ya bari a manta. Ya saurare ta yana juya makullin mota a yatsa.

"Malama, in rawar ce ta dame ki, a bar gugar. A bi ɗaya hanyar, wadda ke fara tambayar inda ruwa zai tsaya kafin ta ɗaga ƙafa. Ita ko wane irin taku ka ba ta ba ta fashewa. A kanta na rubuta kundina."

"Na karanta, yallaɓai. Ba ta fashewa, gaskiya ne. Amma ka ba ta ƙaton taku ka gani, ita ma danne ƙoƙuwar za ta yi, sai dai cikin ladabi. Rashin ihu ba shi ne gaskiya ba. Akwai maƙaryaci mai sanyin murya."

"Kin san abin da doguwar katanga ke nufi? Gindinta zai yi faɗi, ya ci gefen titi, masu shaguna su taso mana. Aikin ya ja, damina ta riske mu. Gajeriyar da aka gama ai ta fi doguwar da ke takarda."

Wannan magana ce mai ƙafa, Yaya ma ta sani, shi ya sa ta ƙara jin haushi. Ta ce, "In babu katanga, yallaɓai, mutane na kwana da kunne ɗaya a buɗe, kayansu a ƙulle. In ka gina musu gajeriya ka ce ta isa, za su saki jiki su yi barci. Ranar da ruwa ya haura ta, ba zai tarar da kowa a tsaye ba."

Darakta ya ajiye makullin, ya yi irin murmushin da ake yi kafin a soka wuƙa.

"Na ji an ce mahaifiyarki a can take. Kada dai son uwa ya shiga cikin lissafi, Malama. Mu nan kimiyya muke yi."

Waɗanda suka san ta sun ce in ta ɗaga murya, da sauƙi. Ranar ba ta ɗaga ba. Ta ce, "Haka ne, uwata a can take. Kai taka tana kan tudu. A cikinmu wa ya fi dalilin son amsar gaskiya?" Ta juya ta fita.

A bakin ƙofa ta ci karo da sabuwar kwamfuta a teburin sakatariya. Sashen lissafi aka saya wa ita tun bara, amma kowa ya san halin kwali a ofis, ƙofar farko mai kafet yake tsayawa. Shekara guda na'urar da za ta iya ɗaukar kogi sukutum tana buga takardun gayyata da nuna fim. Yaya ta sunkuya ta zare wayoyin ɗaya bayan ɗaya, ta rungumi abin kamar jariri.

Sakatariya ta miƙe. "Anti, ina cikin kallo fa."

"A ƙarshe suna aure. Matsa."

Ta kwaso batirin gidanta ta haɗa, don wutar ofis in ta ga ana aikin kirki ɗaukewa take yi. Firjin gidanta ya yi kwanaki a kashe, mijin nata damo ya haƙura. Ta cire guga sai ɗan abin da ba a rasa ba, ta rage taku ta saki lissafi. Da ya gama ta raba takun biyu ta sake. Ta kuma rabawa ta sake. Yanzu-yanzu na zaune gefe ya yi tsuru-tsuru, ta hana shi tafiya, ta kuma hana shi taɓa komai.

Ana cikin haka ta leƙa gidan Inna da rana, ko za ta lallashe ta ta koma wurinta kafin damina. Ta tarar da ita tana shanya, autanta kuma, ƙanin Yaya da ya bar makaranta yana jiran duniya ta gano shi, yana kwance a tabarma yana cajin wayarsa da cajar da Yaya ta yi wata tana nema.

"Ke 'yar nan, kin rame," in ji Inna. "Har yanzu kina faɗa da ruwan cikin akwati?"

"Inna, ruwan cikin akwatin nan ɗakinki yake nema."

"Ya zo mana. Ya san ni, na san shi. Ubanku ya ɗaga dokin ƙofar nan da hannunsa."

"Dokin ƙofar nan iya idon sawu ne, Inna."

"To ke da kika yi boko sai ki hana shi. In ba haka ba me kike yi a can tun safe?"

Yaya ta fita tana huci, har ta manta da cajar.

Ranar zama, aka taru a babban ɗakin taro mai sanyi kamar ɗakin ajiye gawa. Shugabar kwamiti wata dattijuwa ce da ta yi ritaya daga alƙalanci. Akwai kuma wakilin masu shaguna, mutum mai barkwanci da ƙaton agogo. Darakta ya haska zanen nan sumul a bango, ya yi bayani da murya mai daɗi, aka fara gyaɗa kai. Ba a sa Yaya cikin masu magana ba. Ta shigo da kwamfutar a rungume, ta zare wayar majigi daga ta Darakta ta soka a tata.

"Malama, ki kama kanki," in ji Darakta.

"Na kama, yallaɓai. Taimako na zo yi. Wane tsayi kake so ruwan ya kai? Faɗi kawai."

Wakilin masu shaguna ya yi dariya ya ce, "In ana zaɓe ne, Malama, a ba mu iya gwiwa."

Ta buɗe lissafin Yanzu-yanzu, ta ƙara lambar guga, ta danna. Da ƙaton taku abin ba ya ɗaukar lokaci. Zane ya fito a bango, kyakkyawa, ba tamoji, ambaliya iya gwiwa.

"Ga naka, Alhaji. Akwai mai son iya ƙugu?" Ta rage, ta danna, ruwa ya hau ƙugu. "Ruwan sama ɗaya ne, kogi ɗaya ne, gada ɗaya ce. Yatsana kawai ya canja. Wancan da kuka gyaɗa wa kai ma haka aka haife shi."

Wakili ya daina dariya. Dattijuwa ta gyara tabarau ta ce, "To naki fa, 'yata? Ta yaya zan san ba yatsanki ba ne shi ma?"

Yaya ta haska layuka uku a zane ɗaya. "Wannan da ƙaramin taku. Wannan na raba takun biyu. Wannan na sake rabawa. Na farko da na biyu akwai 'yar tazara. Na biyu da na uku, Hajiya, in kin ga tsakaninsu ki nuna min. In na matsa wa amsa ta ƙi motsi, a nan nake fara yarda da ita. Ban ce ba kuskure ba. Ban san ruwan da Allah zai saukar ba. Amma in ya saukar da wanda kuka ba mu mu lissafa, nan zai kai." Ta ɗora yatsa a bango, kamu guda da ɗoriya sama da layin Darakta.

Dattijuwa ta juya ga Yanzu-yanzu. "Kai ka yi na farkon? Ka raba naka takun ka sake?"

Ya dubi Darakta, ya dubi Yaya, ya zaɓi wadda ya fi tsoro. "Ban yi ba, ranki ya daɗe."

"A kotu, mai shaidar da ke canja magana gwargwadon wanda ya tambaye shi, korarsa muke yi," in ji dattijuwa, ta rufe fayil.

Aka gina doguwar katanga. Kada kowa ya tafa tukuna, don ga yadda duniya ke biyan irin su Yaya. Rahoton ya fito da sunan Darakta a bango, da layukanta uku a ciki. Yanzu-yanzu aka tura shi kwas, wai ya ƙaro ilimi. Ita kuma aka ba ta takardar gargaɗi kan ɗaukar kayan ofis ba izini, aka mayar da ita sashen auna ruwan sama, tana yawo unguwa-unguwa tana leƙa mazurari. Kwamfuta ta koma teburin sakatariya, an ci gaba da fim daga inda aka tsaya.

Sannan damina ta zo da sanyin jiki. Kogi bai ko lashi gindin katangar ba. Masu shaguna da aka ci musu gefen titi suka sa mata suna katangar A-Sake, in Yaya ta wuce sai su shiga gyaran kaya don kada su gaishe ta. Inna kanta cewa take an tare mata iska, kuma ba ta iya hango ƙawarta ta tsallaken kogi balle su yi gulma da hannu. Wanda ya hana bala'i ba shi da gawar da zai nuna, don haka kowa gani yake bai yi komai ba. Katangar dai tana nan tsaye da tsayinta, Inna na barci a bayanta, kogi kuma bai ce ya yafe ba.

Autan Inna, wato mai yi muku wannan dogon surutu, shi kaɗai abin ya tsaya wa a rai. Ya same ta wata safiya a gindin katangar, ta tsuguna tana juye ruwan mazurari a kwalbar awo, takalminta duk laka. Ya gyara wuyan riga, ya tsaya a kanta.

"Yaya, na yanke shawara. Zan rubuta tarihinki duniya ta sani. Mace ɗaya da ta tsaya gaban kogi da Darakta da masu shaguna. Wadda ta ƙi a yi wa gaskiya guga. Watarana ruwan nan zai zo, ya tsaya daidai inda kika sa yatsa, su zo suna kuka suna neman gafara, ni kuma in ce musu su bi layi."

Ta ɗaga kwalbar daidai idonta, ta karanta, ta sauke, ta sake ɗagawa ta sake karantawa. Ko kallonsa ba ta yi ba.

"Cajar wayata da ka ɗauka, ka dawo min da ita."